Jaruman Marvel da DC: A Bambanta Gumakan da Aka Daina Bauta wa da Addinan da Ke Raye

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon a ba ni fili a wannan jarida tamu mai farin jini domin in tofa albarkacin bakina a kan wata magana da ta daɗe tana yawo tsakanin iyaye da malaman makaranta, wato finafinan jaruman kamfanonin Marvel da DC da aka ciro daga littattafan zane na Amurka, musamman waɗanda jarumansu ababen bautar wasu al'ummai ne na zamanin da. Yaranmu sun san Thor da gudumarsa, suna sa riguna masu hotonsa, suna kuma tura finafinansa daga waya zuwa waya. Wasu iyayen suna cewa shirka ce tsagwaronta aka lulluɓe da nishaɗi, wasu kuma suna cewa wasan yara ne da bai kai a ɗaga murya a kansa ba. A ganina duka ɓangarorin biyu sun yi wa abin kuɗin goro, domin finafinan ba iri ɗaya ba ne, kuma inda matsalar take ba can ne aka fi nuna wa yatsa ba.

Thor, wanda shi ne aka fi ambata, abin bautar mutanen arewacin Turai ne, su Norwe da Suwidin da Denmak da Aislan, waɗanda suka ɗauke shi a matsayin mai tsawa da aradu. Mafi yawan abin da duniya ta sani game da shi a yau ya zo ne ta hannun mutanen da suka riga suka bar bautarsa. Aislan ta karɓi addinin Kirista wajen shekara ta 1000, sai bayan fiye da shekara ɗari biyu, wajen 1220, wani attajiri kuma ɗan siyasa mai suna Snorri Sturluson ya tattara labaran ya rubuta, domin mawaƙan zamaninsa su fahimci tsofaffin waƙoƙin da ke cike da sunayen waɗannan gumaka. Shi kansa Kirista ne, kuma tun a gabatarwar littafin an bayyana cewa su Odin, babban abin bautarsu, da Thor mutane ne da suka yi ƙaura daga Asiya, waɗanda ƙarfinsu da dabararsu suka sa mutanen arewa suka ɗauke su alloli. Ke nan tun ƙarni na goma sha uku aka sauko da Thor daga wurin bauta zuwa fagen hira.

Wannan Thor na hira shi ne Stan Lee da ƙanensa Larry Lieber da mai zane Jack Kirby na kamfanin Marvel suka ɗauka a 1962, suka yi masa yadda suka ga dama. A labarinsu na farko wani likita ne gurgu, Donald Blake, ya tsinci sanda a cikin kogo a Norwe, da ya buga ta da dutse sai ta zama guduma, shi kuma ya rikiɗe ya zama Thor. A tsohuwar almara Thor mai jan gemu ne, su kuwa suka aske shi suka ba shi gashi ruwan zinariya. Loki, wani makirin abin bauta, a asali abokin rantsuwar Odin ne, suka mayar da shi ɗan riƙon Odin, mahaifin Thor, domin a samu rigimar 'yan'uwa biyu a kan gadon sarauta, abin da kowane marubuci ya san yana jan masu karatu. Da aka zo yin fim a 2011 sai aka ƙara nisanta shi da bauta, aka nuna mutanen Asgard, mazaunin su Thor, a matsayin halittun wata duniya da iliminsu ya yi nisa har mutanen zamanin da suka ɗauke shi sihiri, kuma a fim na biyu na 2013 Odin da bakinsa ya ce su ba alloli ba ne, ana haihuwarsu, suna rayuwa, suna mutuwa. A fim na 2017 aka mai da Hela, mai mulkin duniyar matattu, 'yar Odin, alhali a almara 'yar Loki ce, a na 2022 kuwa aka fito da Zeus, babban abin bautar Girkawa, a matsayin ƙaton matsoraci mai son shagali da kirari. Duk wanda ya kalli wannan ya ce wa'azin maguzanci ake yi, to bai lura ba cewa babu mai wa'azin da zai yi wa abin bautarsa irin wannan cin fuska.

Haka lamarin Wonder Woman yake, wadda William Moulton Marston ya ƙirƙira a 1941 daga almarar Girkawa ta mata mayaƙa. Da farko an ce uwarta ce ta ƙera ta da yumɓu, a 2011 kamfanin DC ya sauya ya ce 'yar Zeus ce, kuma ƙorafin da aka ji na masu karatu ne da suka saba da tsohon labarin.

Dalilin da ya sa kamfanonin suke wannan sakewa shi ne waɗannan gumaka ba su da jama'ar da za ta tsaya musu. Gaskiya ne akwai wata ƙungiya a Aislan da gwamnati ta yi wa rajista a 1973, mai ƙoƙarin farfaɗo da tsohuwar bautar, amma mabiyanta 'yan dubbai ne, ba su isa su girgiza kasuwar fim ba. Da zarar an taɓa addinin da ke da mabiya sai labari ya sha bamban. A 2019 DC ta shirya fitar da wani littafin zane mai suna Second Coming, wanda ya kawo Annabi Isa (AS) yana zaune gida ɗaya da wani jarumi a wannan zamani, sai fiye da mutum 200,000 suka sa hannu a takardar ƙorafi, aka fasa fitar da shi a ƙarƙashin DC, wani ƙaramin kamfani ya buga shi daga baya. A 2018, lokacin da aka nuna fim ɗin Marvel na Black Panther a sinimomin Indiya, an kashe sautin wurin da wani jarumi ya ambaci Hanuman, wanda miliyoyin Hindu suke bauta wa, alhali ambaton Bast, abin bautar tsohuwar Masar, wadda sarautar Wakanda, ƙasar da aka ƙirƙira a fim ɗin, gaba ɗaya ta dogara a kanta, ya wuce lami lafiya. Su kansu Indiyawa ba su tsira ba: fim ɗin Adipurush na 2023, wanda aka gina a kan labarin Ramayana na addinin Hindu, ya jawo fushin da ya tilasta wa masu shi sauya wasu kalamai bayan an riga an fara nuna shi.

A wannan ma'auni ne nake ganin ya kamata mu duba abin da ya shafe mu, kuma abin mamaki shi ne wanda ya fi shafar mu shi ne ba a cika ambata ba. Jarumin da a yau ake kira Shazam ya fito ne a 1940, yaro maraya mai suna Billy Batson da wani boka ya ba kalmar da in ya furta zai zama ƙaƙƙarfan mutum. Ƙarfin nasa ya fito daga mutum shida da aka jera: Hercules da Atlas da Zeus da Achilles da Mercury, dukkansu daga almarar Girkawa da Rumawa, sai na farkonsu, mai ba da hikima, wanda shi ne Solomon, wato Annabi Sulaimanu (AS). An ɗauki annabin da Alƙur'ani ya ba da labarinsa an sa shi sahu ɗaya da Zeus, ana ɗiban baiwarsa ta hanyar boka, kuma an yi fim a kan wannan a 2019 da 2023. Uban da ya hana ɗansa kallon Thor ya bar shi da Shazam ya tsare ƙofar da babu ɓarawo a bayanta.

Kyakkyawar niyya ma ba ta isa ba idan aka shiga wannan gona. Dakta Naif Al-Mutawa, masanin halayyar ɗan Adam ɗan ƙasar Kuwait, ya fitar da littafin zane mai suna The 99 a 2006 domin yaran Musulmi su samu jarumansu. Labarin ya ce ilimin ɗakunan karatu na Bagadaza an adana shi a cikin wasu duwatsu 99 lokacin da Mangol suka ci birnin a 1258, kuma kowane matashin da ya samu dutse ɗaya yana samun wata siffa da aka ɗauko daga kyawawan sunayen Allah. Shugaban Amurka na lokacin, Obama, ya yaba masa a bainar jama'a a 2010, DC ma ta haɗa jarumansa da su Superman a littafi ɗaya, amma a 2014 babban muftin Saudiyya da malaman da ke tare da shi suka yi fatawar haramta shi. Ban yarda da barazanar kisa da wasu suka yi wa mutumin ba ko kaɗan, sai dai ina ganin malaman sun hango abin da shi bai hango ba, cewa tsarin labarin jarumi yana buƙatar a raba ƙarfi a tsakanin mutane, a sa musu kaya, a sa su faɗi su tashi, kuma sunayen Ubangiji ba su karɓar wannan rabo.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne matasanmu masu zane sun fara tambayar me ya hana mu yin namu, kuma tambaya ce mai kyau. Roye Okupe, marubucin littattafan zane ɗan Najeriya, ya riga ya nuna hanya da Malika, sarauniyar yaƙi ta wata daula mai suna Azzaz, wadda ya ce ya samo daga tarihin Sarauniya Amina ta Zazzau. Muna da Bayajidda da macijin rijiyar Kusugu a Daura, muna da Barbushe a kan dutsen Dala, wanda littafin tarihin Kano ya ce yana kashe giwa da sandarsa ya saɓo ta a ka, kuma ko Kirby da kansa ba zai raina irin wannan jarumi ba. Inda nake jan hankali shi ne iskokin bori, su Inna da Sarkin Rafi da Ɗan Galadima, waɗanda wasu ke hange a matsayin namu Asgard. Har gobe akwai masu yi musu yanka da girka, akwai kuma iyalan da rikicin aljanu ya ɗaiɗaita, saboda haka mai zanen da ya sa musu alkyabba ya mai da su masu ceton gari ba zai samu sakewar da Marvel ta samu a kan Thor ba, kuma zai ɓata wa malamai da 'yan bori rai a lokaci guda. Masu zane a ƙasar Yarbawa suna fuskantar irin wannan a kan Sango, wanda shi ma mai tsawa ne, ga gatarinsa mai baki biyu, amma yana da masu bauta masa a Oyo har zuwa Brazil da Kyuba.

Roƙona ga wannan jarida shi ne ta ware ɗan shafi ko da sau ɗaya a wata, inda wanda ya kalli waɗannan finafinai kuma ya san addini zai bayyana wa iyaye abin da ke cikin kowane ɗaya, daga ina aka samo jarumin, me aka sauya, kuma ya dace da yaro mai shekara nawa, tunda da yawa daga cikinsu ko a Amurka an yi musu alamar cewa ba su dace da 'yan ƙasa da shekara 13 ba sai da kulawar iyaye. Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano da takwarorinta su ma za su amfana da irin wannan bayani kafin su yanke hukunci a kan masu fassara finafinan zuwa Hausa da masu tura su a waya.

Wassalam.

Naku,
Wani malamin sakandare,
Zariya, Jihar Kaduna.