A Riƙa Ambaton Mai Kiɗan Fim, Ba Jarumai Kaɗai Ba

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri, na rubuto ne game da shirinku na finafinan Indiya, wanda a ganina yakan cika kunnen mai sauraro da labarin jarumai da mawaƙa, ya bar wanda ya tsara kiɗan ko sunansa ba a ambata ba. A.R. Rahman ya isa misali.

An haife shi a Madras, wato Chennai ta yanzu, a shekarar 1967. Mahaifinsa, R.K. Shekhar, mai tsara kiɗan finafinai ne, kuma ya rasu yaron yana ɗan shekara tara, sai ya zama iyalin suna ba da hayar kayan kiɗan marigayin domin su samu abin sakawa a bakin salati. Rahman ya kaɗa fiyano a ƙungiyar fitaccen mai kiɗan fim Ilaiyaraaja, ya kuma daɗe yana yi wa tallace-tallace kiɗa, kafin darakta Mani Ratnam ya ba shi fim ɗin Roja a 1992. Da wannan aiki na farko ya ci lambar yabo ta ƙasa.

Abin da ya bambanta shi shi ne haƙuri. Ya san kiɗan gargajiya na kudancin Indiya, ya san ƙawali na Sufaye, ya san tsarin gogen Turawa da aikin kwamfuta, amma ba ya jibge su a kan mai sauraro lokaci guda. Duk wanda ya kalli Bombay na 1995, fim ɗin da ya taɓo rikicin Hindu da Musulmi a wannan birni, zai tuna yadda sarewa guda take fara tashi a hankali ita kaɗai, ta ja lokaci, sannan goge masu yawa su biyo ta daga ƙasa, ba tare da an rera ko kalma ɗaya ba. Wannan kiɗa na ƙasa-ƙasa da ke raka labari shi ne ainihin gwanintar, domin shi ne yake shirya zuciyar ɗan kallo tun kafin jarumi ya buɗe baki. Gaskiya ne wasu na kukan cewa waƙoƙinsa ba sa shiga rai a jin farko, sai an maimaita, kuma ban ga laifin masu wannan ƙorafi ba.

A 2009 ya karɓi kyautar Oscar guda biyu a kan Slumdog Millionaire, ɗaya ta waƙa, ɗaya ta kiɗan fim ɗin gaba ɗaya, ko da yake ni a wurina ayyukansa na harshen Tamil na kudancin Indiya, irin su Roja da Bombay, sun fi wannan zurfi nesa ba kusa ba.

Roƙona, Malam Edita, shi ne ku riƙa faɗin sunan mai kiɗa duk lokacin da kuka saka waƙa, sannan ku ware shiri guda ku sako mana kiɗan da babu murya a cikinsa, tare da wanda zai yi bayaninsa.

Naku,
Mai sauraronku a kullum.