Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Shugaban Hukumar Fina-finai Ta Najeriya Kan Hotunan Yaƙin Bama

Ranka ya daɗe, bayan gaisuwa da fatan alheri.

Duk wanda ya wuce Barikin Dalet a Kaduna ko Barikin Chindit a Zariya ya wuce sunan da kakanninmu suka kwaso daga yaƙin Bama, wato Miyanma ta yau. Runduna ta 81 ta sojojin Afirka ta Yamma ta gwabza da Japan a kwarin Kaladan a 1944, sannan ita da ta 82 suka shiga garin Myohaung a Janairun 1945. Da yawansu 'yan Arewa ne, Hausa ce ma harshen bariki. To amma yau in matashi a Kano ya ce zai yi fim a kansu, ina zai samo hoton?

Sai Landan. Abin da masu kyamarar sojan Ingila suka ɗauka yana gidan tarihin yaƙi na Imperial War Museum, labaran majigi kuma suna hannun kamfanoni irin su British Pathé. Kallo a intanet ba wuya. Sakawa a fim ne ake sayen lasisi da fam, a lissafa tsawon abin da ka yanka da inda za ka haska shi. Furodusan da ke ƙorafin kuɗin abincin lokeshan ba zai ko tambayi farashi ba.

Kuɗin ma ba shi ne babban ciwon ba. Akasarin faifan babu sauti, sai takardar da mai kyamara ya rubuta rana da wuri. Ka ga soja da tsagar gado a kumatu, kaya niƙi-niƙi a ka, yana ratsa rafi ruwa iya ƙirji, takarda kuwa ba ta damu da sunansa ba. Wannan tsagar kaɗai, in dattijo a Argungu ko Katsina ya gani, zai iya cewa ɗan wace ƙasa ne. Ma'aikacin Landan ba zai iya ba, kuma dattawan da za su iya kullum raguwa suke.

Hukumarka ta san hanya. A 2016 aka tsinci faifan fim ɗin Shaihu Umar na 1976 a tsohon ginin sashen fim na Turawan mulki a Legas, aka gyara shi tare da cibiyar fina-finai ta Arsenal da ke Balin a Jamus, aka haska a 2018. A bi wannan sawun. A nemi kwafin hotunan sojojinmu a ajiye a ma'adanar fina-finai ta Jos, a daidaita kan farashin naira ga masu shirya fim na gida. A kuma zagaya da su ofisoshin 'yan mazan jiya da fadojin sarakuna, a rubuta abin da iyalai suka gane.

Kafin nan, a wallafa jerin abin da ke Jos ɗin. Tsohon faifai in ya fara warin tsami ya kama hanyar lalacewa, zafi kuma ƙara masa gudu yake.

Huta lafiya.

Naka,
Wani mai tace fim daga Kano