Bota a waje ko a firij? Ga abin da na gani

Malam Edita, assalamu alaikum. Don Allah a ɗan ba ni fili in tofa albarkacin bakina kan gardamar nan da ake ta yi, wai ko bota za ta iya zama a waje ko dole sai firij.

Ni dai na daɗe ina barin tawa a waje, don wadda ta kwana a firij tauri gare ta kamar dutse, kana shafawa burodin yana yagewa. Kuma gaskiya bota ba madara ba ce, wajen kashi 80 cikin 100 nata mai ne zalla, ɗan ruwan da ke ciki kuma a warwatse yake mitsi-mitsi cikin man, shi ya sa ƙwayoyin cuta ba sa samun sakewa, balle in mai gishiri ce.

To amma inda mutane ke kuskure, masu cewa a bar ta a waje ɗaki mai sanyi-sanyi suke nufi, wanda bai wuce digiri 21 ba, ba kicin ɗin da murhu ke ci tun safe ba, ita kuwa da zafi ya kai 32 zuwa 35 ta fara narkewa ke nan. Ma'aikatar noma ta Amurka ma kwana ɗaya zuwa biyu ta ce a bar ta a waje.

Na taɓa barin sandar bota guda a faranti kusa da taga ba murfi, kwana biyar na dawo na tarar samanta ya yi ɗorawa sosai, na ɗanɗana wani gafi ya cika min baki, ga ɓurɓushin burodin da wuƙa ta bari a gefe har ya fara furfura. Iska da haske da zafi su suka taru suka lalata ta, ni kuma da wuƙata na ƙarasa. Zubarwa na yi raina na ƙuna wallahi.

Yanzu ɗan yanki nake yanka, iya na kwana biyu, mai gishiri, in sa a mazubi mai murfi wanda haske ba ya ratsawa, can nesa da wuta da albasa don bota akwai kwasar wari. Sauran yana firij. Marar gishiri kuwa ba na ma wasa da ita, in zan yi amfani na fito da ita ta saki, na gama ta koma. Wuƙar shafawa ma daban na ware mata.

Nagode.
Mai karanta jaridarku a kullum.