Sarki Pakal ba matuƙin kumbo ba ne

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da dukkan ma'aikatan tasharku, na rubuto ne game da shirin tarihi na makon jiya, wanda kuka yi a kan gidan adana kayan tarihi na Palenke, tsohon garin mutanen Maya da ke jihar Chiyapas a kudancin Mekziko. Na ji daɗinsa ƙwarai, domin ba kasafai ake ba mu labarin mutanen Maya da Hausa ba. Sai dai wuri ɗaya ya tsaya mini a rai. Da mai gabatarwa ya zo kan murfin akwatin gawar Sarki Pakal, wanda ya mulki Palenke a ƙarni na 7, sai ya ce wai wasu na ganin hoton mutum ne zaune cikin kumbo yana tuƙi, ƙila ma wasu halittu ne daga wata duniya suka koya wa mutanen garin gini. Ya faɗi haka ya wuce, bai kawo amsar masana ba. Malam Edita, wannan magana ba ta da tushe balle makama, kuma kayan da ke cikin gidan nan su ne suka fi kowa ƙaryata ta.

Sunan gidan ma na mutumin da ya gano kabarin ne, Alberto Ruz Lhuillier. A 1949 ya ɗaga wani faifan dutse a daɓen haikalin da ke saman dala, ya tarar da matakala da aka cike da duwatsu da gangan. Shi da ma'aikatansa suka yi ta kwashe su har 1952, sannan suka isa ɗakin kabarin, fiye da mita 20 a ƙasa. Akwatin dutsen ya fi ƙarfin matakalar, ba ya fita ta nan, wanda ya nuna an fara ajiye shi ne kafin a ɗora ginin a kansa. Yana nan inda yake har yau. Wanda baƙi ke gani a gidan tarihin kwafinsa ne daidai girmansa, an kuma ajiye shi yadda mutum zai zagaya ya duba kowane gefe.

To, a zagaya ɗin a duba. Abin da masu maganar kumbo ke kira wutar roka, muƙamuƙan lahira ne a aƙidar Maya, sun buɗe suna karɓar sarkin. Abin da suke kira jikin jirgi, bishiya ce da suka yi imani ta haɗa ƙasa da sama, ga tsuntsu a ƙolinta. Wannan bishiyar da wannan tsuntsun suna nan a wani allon dutse na haikalin da ɗan Pakal, Kan Bahlam, ya ƙaddamar a 692, babu wanda ya taɓa cewa kumbo ne a can. A bakin murfin an jera kwanakin mutuwar magabatan Pakal. A jikin akwatin kuma an sassaƙa su ɗaya bayan ɗaya suna fitowa daga ƙasa tare da itatuwan marmari, irin su koko da fiya da gwaiba. Mahaifiyarsa Sak K'uk' tana ciki, mahaifinsa K'an Mo' Hix yana ciki. Mutumin da aka san uwarsa da ubansa da kakanninsa, ta yaya za a ce daga sama ya faɗo?

Kuma ba hasashe ake yi ba, karantawa ake yi. A 1952 Yuri Knorozov, wani masanin harshe na Tarayyar Sobiyet, ya nuna cewa alamomin rubutun Maya da yawa gaɓoɓin sauti ne. A 1960 Tatiana Proskouriakoff ta tabbatar da cewa kwanakin da ke kan duwatsun Maya na haihuwa ne da naɗi da mutuwar sarakuna na gaske. A 1973, a wani taro da aka yi a Palenke ɗin, Linda Schele da Peter Mathews da Floyd Lounsbury suka tsara jerin sarakunan garin. Da haka muka san an haifi Pakal a 603, ya hau gadon sarauta a 615 yana ɗan shekara 12, ya rasu a 683 bayan mulkin shekara 68. Sarakunanmu nawa ne na ƙarni na 7 muka san ranar haihuwarsu haka?

Da shirin ya ba sauran ɗakunan gidan lokaci, da masu sauraro sun ji aikin hannun mutanen. Akwai dogayen matokaran kaskon turare na yumɓu, fuska a kan fuska, wasu har yanzu da sauran launi a jikinsu. Akwai allon farin dutse mai alamomi 96 da aka rubuta a 783, wanda duk mai son kyawun rubutu zai daɗe a gabansa. Akwai kayan matar da ake kira Jar Sarauniya, wadda aka gano kabarinta a 1994 a haikalin da ke maƙwabtaka da na Pakal, ƙasusuwanta sun rine da jan garin ma'adini. Masana da dama na ganin matar Pakal ce. Ba ina yabon addininsu ba ne, don a bakin kabarin sarkin an tarar da ƙasusuwan mutanen da aka kashe domin su raka shi, abin da babu mai imanin da zai ji bai girgiza ba. Amma kyan aikin nasu ne, munin ma nasu ne, na 'yan Adam.

Abin da ya sa na damu shi ne mun san irin wannan magana a nan gida. A 1910 Bajamushe Leo Frobenius ya ga kawunan mutum-mutumi na Ife, ya kasa yarda Yarbawa ne suka ƙera su, ya jingina su ga Atlantis, wani tsibirin almara da aka ce ya nutse a teku. Duk wanda aka raina, idan aka ga abin mamaki a gidansa, sai a nemo masa wani mai shi. Bai kamata mu da aka yi wa haka mu ɗauki wannan magana mu yaɗa ta a kan wasu ba.

Mai gabatarwa ya kuma ce Maya sun ɓace. Garin Palenke ne aka ƙaurace wa, wajen shekara ta 800, daji ya rufe shi. Mutanen suna nan, miliyoyi, a Mekziko da Gwatamala da Beliz da Honduras. A ƙauyukan da ke kewaye da kufan ana jin yaren Chol da Tseltal, kuma Chol na cikin mafi kusanci da harshen da aka yi rubutun da shi. Littattafansu ma ba ɓacewa suka yi haka kawai ba: limamin coci Diego de Landa ya ƙona da yawa a garin Mani a 1562, huɗu kacal aka sani sun tsira zuwa yau.

Roƙona shi ne ku gyara wannan magana a shiri na gaba, ko da na minti biyar ne. Ku faɗi abin da ke kan murfin, ku ambaci sunan sarkin da na iyayensa da shekarun mulkinsa. Ɗalibai da yawa na sauraron ku, kuma abin da suka ji a rediyo shi suke kaiwa aji.

Allah ya ƙara basira, ya ɗaukaka tasha.

Naku,
Mai sauraronku daga Zariya