Zuwa ga aminiyata, kan maganar tafiyar Auta

Assalamu alaikum, ƙawata ta kaina.

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kina lafiya. Ya maigida, ya yara, ya jikin Hajiya? Allah Ya ƙara mata sauƙi, Ya sa kaffara ne. Ke dai kin iya shiru! Ba don maganar Auta ta taso ba, na san da har yanzu ina nan ina zuba ido. Na yafe, amma bashi ne, ki rubuta ki ajiye.

Bari in fara da albishir, don ya fi ƙarfin cikina: an ɗauke ni aikin nan. Na gama horo, yanzu ni ma ina cikin matan da ake kira iyayen unguwa. A nan Neukölln, unguwarmu a birnin Berlin na Jamus, aka fara shirin tun 2004. Ana horar da mata baƙi, su riƙa shiga gidajen baƙi 'yan'uwansu suna yi musu bayani da harshen da suke ji, a kan makarantar yara, rigakafi, ganin likita, haƙƙin mace, da inda za a nufa idan abu ya ɓaci. Jan gyale muke ratayawa, shi ne alamarmu. Da kina kusa na san tuni kin raba ni da shi, ke da ba kya ganin jan abu ki ƙyale.

To amma farin cikin bai zo shi kaɗai ba. Tun da na fara shiga gidajen mutane nake kwana da abin da na gani, shi ya sa da na karanta saƙonki na kasa amsa miki da layi biyu a waya. Kin ce in faɗa miki gaskiya, ko Auta ta taho Jamus zaman aure da yaron da ke nemanta ko ta haƙura. Ki zauna ki ji.

Kullum a rediyo da talabijin maganarsu ɗaya ce: baƙi su saje da jama'a. Ni ma na yarda da hakan ɗari bisa ɗari. Wanda ya zauna a ƙasa bai ji harshenta ba, ko takardar asibitin ɗansa sai an karanta masa. Kuma ba zan ci amanar ƙasar nan ba, sun yi tanadi. Tun 2005 doka ta kafa kwas ɗin sajewa, yanzu awa 600 ne na Jamusanci da awa 100 na sanin tarihi da dokokin ƙasa, a ƙarshe a yi jarrabawar matakin B1, wato matsakaicin matakin iya Jamusanci. Yuro 2.29 ake biya kowace awa, marar hali kuma ana ɗauke masa. Malamar da ta koyar da mu har yau ina yi mata fatan alheri, don ba ta taɓa yi wa kowa dariya ba. Abin da ke damuna shi ne, wanda ya tsara lokutan ajin kamar namiji ya hango, wanda zai tashi da safe ya saɓa jaka ya fita. Bai hango mai goyo ba, bai hango wadda ke da na yaye riƙe da zaninta ba, ga wani a firamare da za a ɗauko da rana tsaka, ga ba uwa ba ƙanwa a kusa da za a ce riƙe mini shi.

A takarda, tun watan Agustan 2013 duk yaron da ya cika shekara ɗaya yana da haƙƙin gurbi a gidan renon yara. A zahiri guraben sun gaza da dubban ɗaruruwa a faɗin ƙasar. Mace za ta bi gidajen reno tana rubuta suna, da harshen da ba ta iya ba, a ce mata ta jira. Ba gurbi, ba aji. Ba aji, ba harshe. Ba harshe, ba aiki. Sai shekara ta juyo a hau mumbari a ce matan baƙi sun ƙi fitowa. Wallahi wannan magana tana ƙona mini rai, don na san matan, na zauna a falonsu, na ga littattafan da suka saya suna koyo da kansu bayan yara sun yi barci.

Da can akwai azuzuwan mata zalla da na iyaye, masu tsawon awa 900 na harshe, inda ake tafiya a hankali. A ƙarshen 2024 aka gyara ƙa'idar kwasa-kwasan aka soke su, don rage kashe kuɗi. Kin tuna maƙwabciyata 'yar Siriya, Maman 'yan biyu, wadda na ce miki ungozoma ce a Halab? A irin wannan aji ta buɗe baki. Ta ce mini da an haɗa ta da samari masu sauri tun farko, da ta gudu a makon farko. Yanzu ƙanwar mijinta ta iso, babu wannan ƙofar.

Ita kanta Maman 'yan biyun labarinta ya isa a yi kuka. Hannun da ya karɓi haihuwa ba adadi, yau goge-goge take yi a wani ofis da asuba. Akwai dokar amincewa da takardun karatun waje tun 2012, amma aikin lafiya yana son harshe sama da B1, yana son takardun makaranta a fassare da hatimi, wani lokaci da ƙarin horo. Wadda ta fito da 'ya'yanta a hannu cikin ruwan bama-bamai, ina ta tsaya neman takardar sakamako? Ga asibitoci na kukan rashin ma'aikata, ga ta nan a bakin ƙofa. Ba ta fasa ba dai, tana karatu. Na ce mata ranar da ta sa farar riga ni zan fara guɗa.

Kada ki ce zafin raina ne kawai. Cibiyar binciken ƙwadago ta IAB da ke Nuremberg ta bi sawun 'yan gudun hijira, ta fitar a 2024 cewa bayan shekara takwas da zuwa, kashi 86 cikin ɗari na maza suna aiki, mata kuwa kashi 33. Hanya ɗaya suka biyo, ƙasa ɗaya suka sauka. Kuma ba tsiraru ake magana a kai ba, kusan rabin masu ƙaura a duniya mata ne. Da yaƙin Yukiren ya ɓarke a 2022, mutum fiye da miliyan ɗaya suka shigo nan, manyan cikinsu akasari mata ne da yara a hannu, sai ga matsalar reno ta sake fitowa fili.

Af, kafin in manta, mutuniyarki ta haihu, mace, kuma wai ta ce ba za ta yi miki takwara ba sai kin biya ta kuɗin ankon nan. Ni dai 'yar saƙo ce. Kin ga shekara nawa ke nan kuna wannan rigima, ku ba kwa gajiya?

To mu koma kan Auta, don nan ne inda nake son ki buɗe kunne sosai. Matar da ta biyo miji, izinin zamanta a jikin auren yake rataye. Sashe na 31 na dokar zama ya ce sai sun yi shekara uku suna zaman aure a cikin Jamus kafin ta samu izinin kanta idan an rabu. Da shekara biyu ne, a 2011 aka mayar uku, wai don maganin auren bogi. Ban ce babu masu auren bogi ba. Amma ki duba abin da aka damƙa wa miji a hannu. Na shiga gidan da mijin ya kulle fasfon matar a durowarsa, kalmarsa kullum ita ce, ki yi magana in sa a mayar da ke. Ta yarda, don ba ta san dokar ta ware wadda ake duka ko ake cutarwa ba, cewa ba sai ta cika shekara ukun ba. Ba ta san akwai gidajen da ake ɓoye mata masu gudun duka ba, ba ta san lambar 116 016 da ake kira kyauta dare da rana ba. Ko da ta sani, sai ta kawo hujja: takardar likita, rahoton 'yan sanda, shaidar masu ba da shawara. Wadda ba ta taɓa shiga jirgin ƙasa ita kaɗai ba, ta ina za ta fara? Ranar na fito daga gidan ƙafafuna na rawa. Alhamdulillahi yanzu tana wuri mai aminci, ita da ɗanta. Iyakar abin da zan iya faɗa ke nan, aikin amana ne.

Kuma ba zan ɗora wa hukuma laifin duka ba. A cikin mazanmu akwai wanda ba ya son matarsa ta ji Jamusanci, don yana tsoron ranar da za ta karanta wasiƙar banki da kanta. Akwai kuma na kirki, wanda ke karɓar aikin dare don ya zauna da yara da safe ita ta je aji. Na ga iri biyun. Baban yara na cikin na biyu, Allah Ya saka masa, kuma kada ki faɗa masa na yabe shi, kin san halinsa.

Ga maganar lulluɓi, tunda Auta ba ta fita sai da hijabi. Ba wanda zai hana ta a titi. Kotun tsarin mulki ma ta yanke a 2015 cewa ba za a yi wa malaman makaranta haramcin ɗankwali na bai-ɗaya ba. Wajen neman aiki ne ake jin jiki. Wata mai bincike, Doris Weichselbaumer, ta aika wa kamfanoni takardun neman aiki iri ɗaya, da hoton mace ɗaya. Da sunan Bajamusa an kira ta kusan kashi 19 cikin ɗari, da sunan Baturkiya kashi 13 da rabi, da sunan Baturkiya da ɗankwali kashi 4 da ɗan wani abu. Wannan matar ta iya harshe, tana da takardu, ta yi duk abin da aka ce baƙo ya yi. Idan ana son mu matso, dole mai gida ma ya buɗe ƙofa. Na faɗi haka a taronmu na unguwa, a gaban jami'ai, da Jamusancina, kuma wata dattijuwa Bajamusa ta zo ta riƙe hannuna bayan an tashi. Irin waɗannan mutane ne ke sa zaman ya yi daɗi, kuma suna da yawa.

Ban ce Auta ta fasa ba. Yaron kin ce mai hankali ne, iyayensa sanannu ne, Allah Ya sa haka. Amma ki tambaye shi kai tsaye wace irin takardar zama gare shi, ya turo hotonta. Tun 2007 yawancin matan da za su biyo miji sai sun ci jarrabawar A1, matakin farko na Jamusanci, kafin a ba su biza, ko da yake an ɗauke wa matan wasu ƙwararru, kamar masu takardar zaman da ake kira shuɗin kati. Ko an ɗauke mata, ta yi karatun. Kada ta tsaya a A1, ta wuce iyakar ƙarfinta tun tana gabanku, tun ba ta da goyo, don ba za ta sake samun sarari irin wannan ba. Ta tattaro takardun makarantarta na asali duka, har da jerin darussan da ta yi, ta ajiye hotonsu a wurinki. Fasfonta ya zauna a hannunta. Idan ta iso tana da damar yin aiki, doka ta ba ta, kada kowa ya ce mata babu. Ta buɗe asusun banki da sunanta. Maganar zuwa aji kuma a yi ta yanzu, a gaban manya, ya amsa da bakinsa. Na san za ki ce ina sa wa yarinya zargi tun ba a shafa fatiha ba. Ba zargi ba ne, ƙawata, so nake ta shigo da ƙafarta biyu. Tun Yunin 2024 shekara biyar ake nema kafin a nemi zama ɗan ƙasa, kuma Jamus ba ta tilasta wa mutum ya ajiye fasfonsa na asali. Amma sai da B1, kuma sai gidan na riƙe da kansa. Kin ga komai a kan harshen yake komawa.

Kin yi wata tambaya kuma a ƙarshen saƙonki, ina jin kan kayan sanyi ne ko kan lokacin biki, wayar na hannun yara, zan duba in amsa miki daban. Babbar ɗiyarki ta shiga aji biyar, yanzu ita ke gyara mini lafazi, kuma ta ce in tambaye ki ina alkawarin da kika yi mata. Ƙaramin ya fara tafiya, ba abin da ya bari a kan tebur.

Ki ba Auta lambata ta kira ni ita kaɗai, ba tare da ke a gefe kina amsa mata ba, don na san ki. Ranar Lahadi da yamma ina gida. Ki gaishe da Hajiya da kyau, ki ce ina nan ina yi mata addu'a, ki gaida Yaya Babba da amaryarsa. Hotunan sunan da kika ce za ki turo har yanzu ban gani ba.

Taki har kullum,
Aminiyarki