Royal Crescent ba fada ba ce fa, gidajen mutane ne

Assalamu alaikum Malam Edita, ina gaisuwa da fatan an tashi lafiya, ya aiki ya jama'a.

Wancan hoton da kuka saka satin da ya wuce a shafin yawon buɗe ido, dogon ginin nan mai lanƙwasa na garin Bath a Ingila, ƙarƙashinsa an rubuta wai tsohuwar fadar sarakuna. Don Allah a gyara, ba fada ba ce. Gidaje ne guda 30 a jere manne da juna bango ɗaya, kuma har yau akwai mutane a ciki suna kwana suna tashi. Ni karatu nake a Bristol, jirgin ƙasa ko minti 20 ba ya yi ya kai Bath, na je wajen ya fi sau biyar, duk baƙon da ya zo min daga gida can nake kai shi ya yi hoto.

Ban ga laifin wanda ya rubuta ba gaskiya, don ai da gangan aka yi shi ya ruɗi ido. Wanda ya zana shi John Wood ƙarami ne, babansa ma John Wood sunansa kuma shi ma magini ne, an fara aikin 1767 aka yi wajen shekara 7 ana yi. Tsawonsa kusan mita 150, ya lanƙwaso kamar jinjirin wata, ginshiƙai 114 a jere, duk an yi su da dutsen nan na yankin mai kalar zuma wanda in rana ta kusa faɗuwa sai ka ga kamar an shafa masa mai. Shi kuma Royal ɗin da ke cikin sunan, wato na sarauta, daga baya aka laƙa masa saboda Yarima Frederick ɗan Sarki George na 3 ya taɓa zama a wajen, iyakar sarautar kenan.

Abin da ya fi ba ni dariya shi ne yadda aka gina shi. Wood fuska kawai ya zana. Kai mai kuɗi sai ka sayi rabonka na fuskar, sharaɗi shi ne gaba dole ya zama iri ɗaya da na maƙwabcinka, amma baya ka nemo magininka ya yi maka yadda aljihunka ya iya. To wallahi ranar da na zagaya ta layin baya sai da na tsaya ina tambayar kaina ko ɓata na yi, rufi wani sama wani ƙasa, taga nan ƙarama can babba, wani ya ƙara ɗaki ya turo waje, ba abin da ya yi kama da wani, kamar mutum ya sha babbar riga da aiki har ƙasa amma ta ciki duk faci. Ku masu ɗaukar hoto ba wanda yake zuwa can.

Gaban ne doka ta fi sa wa ido, yana cikin gine-ginen tarihi masu mataki na ɗaya a Ingila, garin Bath ɗin gaba ɗaya ma UNESCO ta saka shi a jerinta na wuraren tarihi na duniya tun 1987. Gidanka ne da kuɗinka amma taga ba ka isa ka canza ba sai da izini. A shekarun 1970 wata mata a gida mai lamba 22 ta yi wa ƙofarta fenti ruwan ɗorawa alhali na kowa fari ne, hukumar gari ta ce ta goge ta ce ba ta san zancen ba, aka yi ta ja-in-ja har magana ta kai gaban minista, kuma ita ta ci. Ƙofar tana nan ruwan ɗorawa har yanzu, ni ita nake fara nuna wa baƙi kafin komai.

A 1942 jiragen Jamus sun yi wa Bath ruwan bama-bamai, lamba 2 da 17 suka ƙone, daga baya aka gyara su. Yanzu lamba 1 gidan tarihi ne an jera kaya irin na zamanin, har kicin ɗin ƙasa inda masu aiki suke wuni, lamba 16 otal ce mai tsada wadda ni dai daga waje nake gaishe ta, da yawa kuma an yanyanka su kowane bene da mai shi. A filin ciyawar gaba akwai wani ɗan gwalalo da bango a ciki da aka yi don hana dabbobi hawowa ba tare da an tare wa masu gida kallo ba, daga sama ba ka ganinsa sam, ƙanina saura kaɗan ya zurma yana ja da baya wajen ɗaukar hoto.

In za ku sake bugawa ku yi min magana in turo muku hoton bayan, ina da shi a waya.

Naku,
Mai karanta ku daga Bristol