Wasiƙa zuwa ga Malam Sani kan injin jet da roka

Maradi

Aminina Malam Sani,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya tare da iyali, wasiƙarka ta iso ni, kuma na ga tambayar da ɗanka ya yi maka ranar da kuka raka maniyyata filin jirgin Diori Hamani a Yamai, wato me ya hana jirgin da ke kai mutane Jidda ya zarce har duniyar wata. Yaron nan ya yi tambayar manya.

Ka san yadda bindigar maharbi take dukan kafaɗarsa idan ya harba. Ƙa'idar da Isaac Newton ya bayyana a 1687 ke nan, kuma da jet da roka duk a kanta suke tafiya: suna feso hayaƙi mai zafi ta baya da ƙarfi, shi kuma ya ingiza su gaba. Wajen numfashi ne suka rabu. Injin jet yana zuƙo iska ta gaba, ya matse ta, ya gauraya ta da kananzir, sannan ya cinna wuta, kuma wutar tasa kamar ta maƙera ce, ba ta ci sai da zugazugi. Tun daga jirgin jet na farko da ya tashi a Jamus a 1939 har zuwa na alhazan yau, masu tafiya a tsayin kilomita 10 zuwa 12, babu wanda ya kuɓuta daga wannan sharaɗi, domin inda iska ta ƙare, nan wutar za ta mutu.

Roka kuwa da guzurinta take tashi, kamar ayarin gishiri mai zuwa Bilma, wanda yake ɗaukar harawar raƙumansa tun daga gida saboda babu kiwo a hamadar Tenere. Rokar Saturn V, wadda ta kai Amurkawa wata a 1969, kananzir ta ƙona a matakinta na farko, amma ta haɗa shi da iskar oksijin, wato ɓangaren iska da wuta ke ci da shi, wadda aka sanyaya har ta zama ruwa, tana ɗauke da ita a cikinta. Wannan guzuri yana da tsada ƙwarai, tunda mafi yawan nauyin roka mai ne da oksijin, kayan da take kaiwa sama kuwa ɗan kaɗan ne.

Abin da ba ya mini daɗi shi ne yaƙi ne ya fi gaggauta wannan ilimi, tun daga rokar V-2 da Jamus ta harba wa Landan a 1944. Makami mai linzami na Tomahawk ma ya haɗa biyun, da roka yake tashi, sannan ƙaramin injin jet ya karɓa. A jiragen ruwan yaƙi kuma, injin LM2500 na kamfanin General Electric, wanda asalinsa na jirgin sama ne, farfela yake juyawa a cikin ruwa.

Ka hura wa yaron balan-balan ka sake ta ya ga yadda za ta yi, sannan ka tambaye shi ko jet ce ko roka. Ina jiran amsarsa a wasiƙarka ta gaba.

Ka gaishe mini da mutanen gida.

Naka amini,
Ibrahim